Yadda Ake Gina Bala'in Sihiri a Ƙagaggiyar Duniya da Abin da Ke Biyo Bayansa

Masu rubuta labaran almara da masu tsara duniyar wasanni sukan ƙarar da ƙarfinsu a kan daren da abin ya faru: sama ta yi jajir, hasumiyar masihirta ta tarwatse, ƙasa ta tsage ta haɗiye birni. Duk wannan bai wuce shafi uku ko huɗu ba. Sauran littafin na waɗanda suka rayu ne, kuma a nan mai karatu ke bambance marubucin da ya zauna ya yi lissafi da wanda ya yi shaci-faɗi. Kayan aikin kaɗan ne: taswirar duniyar taka ko da zanen hannu ce, takarda, fensir, da haƙurin yin ɗan lissafi.

Fara da aikin da sihirin yake yi kafin ya ɓaci

Ɓarnar bala'i tana bin girman dogaron da aka yi da abin da ya lalace. Idan sihiri a duniyarka na wasu 'yan tsiraru ne da ke tsafinsu a kogo, ko ya tarwatse manomi zai wayi gari ya nufi gonarsa. Saboda haka kafin ka fasa komai, raba takarda gida uku. A gida na farko rubuta ayyukan da sihiri ke yi wa jama'a kullum: jawo ruwa, haskaka tituna, hana hatsi lalacewa a rumbu, warkar da cuta, isar da saƙo, tsare iyaka. A na biyu rubuta wanda ke yin aikin da abin da aikin ke ci, jini ne, ma'adini ne, ko kwanakin ran mai yin. A na uku rubuta abin da mutane suka daina yi da hannunsu tunda sihirin ya ɗauke musu.

Gida na ukun nan shi ne ƙashin bayan aikin. Ɗauki birni mai mutum 40,000 da aka gina a kan busasshen tudu, sihiri ke hawo masa da ruwa daga can ƙarƙashin ƙasa. Shekara 90 ke nan ba a haƙa rijiya a cikinsa ba. Mahaƙan rijiya sun mutu ba su koya wa kowa ba, ba mai ɗinka guga, kogi mafi kusa kuma tafiyar kwana biyu ce. Ranar da sihirin ya ɗauke, ko tubali ɗaya bai faɗi ba, birnin ya gama yawo. Ayyuka biyar zuwa bakwai a gida na farko sun isa. In sun fi haka za su suɓuce maka a tsakiyar labari.

Musabbabi

Ruwa ba ya tsami banza. Kuskuren da aka fi yi shi ne a ɗora komai a kan mugu ɗaya da ya karanta haramtaccen surkulle. Manyan haɗurran da suka faru a zahiri sukan zo ne hawa uku: tsohon aibi da aka sani aka kau da kai, matsin da ya sa aka ci gaba da aiki a haka, sai ƙaramin abin da ya kunna wutar a ranar. A tashar lantarki ta Cernobil da ke Yukiren, ranar 26 ga Afrilu 1986, tukunyar nukiliya ta huɗu ta fashe ana tsakiyar wani gwaji na tabbatar da tsaro, kuma da ma ƙirar tukunyar tana da aibi. A kwarin Vajont na Italiya, an ga dutsen da ke gefen madatsar ruwa yana zamewa tun kafin 1963, aka ci gaba da tara ruwa, har ya rufto cikin tafkin, ruwa ya tsallake madatsar ya hallaka mutum kusan 2,000. Madatsar kanta ba ta karye ba, tana nan tsaye har yau.

Gina naka a kan hawa ukun. Aibin: kowane aikin sihiri yana barin wata dauɗa, ana tara ta a rami ƙarƙashin hasumiya, ramin kuma an haƙa shi ne lokacin birnin yana da mutum 10,000. Matsin: fari ya shiga shekara ta uku, sarki ya ce a ninka ruwan da ake jawowa. Abin da ya kunna: an bar ɗan koyo shi kaɗai yana gadin ramin da dare, don manyan sun gaji. Sai ka ƙara mutum ɗaya da ya yi gargaɗi aka yi biris da shi, ka kuma rubuta wa kanka wa ya san me, a wane lokaci. Duk rigimar da za a yi bayan bala'in a kan wannan takardar za ta tsaya.

Dokar sihirin da za ta rusa birnin kuwa, nuna ta tun da wuri a ƙaramin abu. Fitilar sihiri da aka ɗura wa ƙarfi fiye da kima ta fashe a hannun yaro, ciyawar wurin ta koma fara fat, akuya ta ƙi ratsawa ta nan har wata guda. Wanda ya ga wannan a babi na biyu ba zai ce ka yi masa ba-zata a babi na goma ba.

Kada ka kife kwano a kan taswira ka zana da'ira

Guba ba ta bazuwa daidai wa daida ta kowace fuska. Ranar 21 ga Agusta 1986 tafkin Nyos na Kamaru ya amayar da iskar kabon da ta daɗe tana taruwa a ƙasansa. Iskar ta fi wadda muke shaƙa nauyi, sai ta gangara kwaruruka kamar ruwa, ta kashe mutum sama da 1,700 da dabbobi dubbai, har nisan kusan kilomita 25, alhali waɗanda ke kan tudu da dama sun tsira. Burbushin Cernobil kuma iska da ruwan sama ya bi, shi ya sa wasu wurare masu nisa suka fi na kusa gurɓata.

Zaɓi hanya ɗaya da dauɗar taka ke tafiya: tana gangara kamar ruwa, tana bin iska kamar hayaƙi, tana bin mutane kamar annoba, ko tana bin hanyoyin sihirin kansu. Ta ƙarshen ta fi ban tsoro, domin ita ce za ta fito a kowane gari da aka jawo masa ruwa ko haske daga hasumiyar, ta tsallake ƙauyen talakawa da ba a taɓa kai masa komai ba. In ka zaɓa, ka tsaya a kai.

Daga nan raba ƙasar kashi uku: inda ba wanda ya rayu, inda ake shiga a fita amma ba a kwana, da inda ake zaune ana cutuwa a hankali. Kashi na ukun ya fi kowanne faɗi da yawan mutane, kuma a nan labari yake, don ba wanda ya yarda da inda iyakarsa ta tsaya. Mai gona a bakin layi zai rantse gonarsa lafiya lau take.

Sai ka amsa tambayoyi huɗu a rubuce. Tsawon wane lokaci mutum zai yi a ciki kafin ta kama shi? Mece ce alamar farko, mece ce ta ƙarshe? Da me ake gane wuri ya gurɓata, tsuntsu ne a keji, gishiri ne da ke canja launi, ko madara ce da ke tsinkewa nan take? Da me ake rage ta, kuma nawa ne kuɗinsa? In ba ka kafa waɗannan ba, za ka tsinci kanka kana barin jarumi ya kwana uku a inda wani ya mutu cikin sa'a ɗaya.

Tsawon zamanta ma a yi masa lissafi. Ari dabarar da ake auna burbushin nukiliya da ita, wato lokacin da ƙarfin abu ke raguwa da rabi. Sinadarin ayodin-131 yana raguwa da rabi cikin kwana 8, siziyam-137 kuwa sai kusan shekara 30. Ka ce dauɗar taka shekara 25 take yi: bayan shekara 25 saura rabi, bayan 50 saura kwata, bayan 75 saura kashi ɗaya cikin takwas. Da wannan kaɗai ka san wane ƙarni ne zai fara laɓaɓawa cikin kufai, wane ne zai koma noma. Ya fi kyau a haɗa biyu, ɗaya mai zafi da ke gushewa cikin makonni, ɗaya mai laushi da ke daɗewa, don mutane su ga ta farkon ta wuce su ɗauka an gama.

Sa'o'in farko

Bala'i yakan zo da 'yan rakiya. A Lisbon ta Fotugal, ranar 1 ga Nuwamba 1755, girgizar ƙasa ce ta fara, mutane suka ruga bakin teku don gudun gine-gine, igiyar ruwa ta same su a can, sannan gobara ta yi kwanaki tana ci. Tsara naka haka: kowane mataki ya kama mutane a wurin da suka gudu don tsira daga na baya.

Kula da saurin labari. In sihiri ne ke isar da saƙo kuma ya ɗauke, labari ya koma gudun doki, gari mai nisa zai ga haskensa ya mutu kwanaki kafin ya ji dalili, kuma a cikin kwanakin nan jita-jita za ta riga gaskiya isa. Masu mulki ma sukan yi jinkiri. Sai da aka yi kusan sa'a 36 da fashewar Cernobil kafin a kwashe mutanen Piripiyat, garin da ke kusa da tashar, kusan 49,000, aka ce musu su ɗauki kayan kwana uku. Ba su koma zama ba har yau.

Ruwa, hatsi da hanya

A nan ya kamata ka fi daɗewa, duk da shi ne wurin da marubuta suka fi ƙosawa. Mutum ba ya wuce kwana uku ko kusan haka ba ruwa. Ƙungiyoyin agaji suna ɗaukar lita 15 a rana ga mutum ɗaya a matsayin mafi ƙarancin abin sha, girki da tsafta. Hatsi kuwa, yi aiki da rabin kilo a rana ga kowane kai.

Koma birnin nan. A ce mutum 12,000 sun mutu a daren farko, saura 28,000. Suna buƙatar lita 420,000 na ruwa da tan 14 na hatsi kowace rana. In amalanken shanu yana ɗaukar rabin tan, ana son 28 su iso kullum. In rumbun da bai gurɓata ba yana nisan kilomita 60, shanu kuma suna yin kusan 20 a yini, zuwa da dawowa kwana shida ne, ke nan sai an sa amalanke 168 a hanya ba hutu, ban da abin da shanun da masu korarsu za su ci. Wannan na hatsi ne kawai, ba a taɓa ruwa ba. Ba masarautar da ta rasa hasumiyarta jiya za ta iya wannan. Don haka mutane ne za su tashi su bi abinci, kuma ayari mai yara da tsofaffi ba ya wuce kilomita 10 zuwa 15 a yini. Sa yatsa a taswira ka bi su zango-zango, ka ga inda za su sha ruwa a dare na farko da na biyu. Inda babu, nan kaburbura za su yi yawa.

Yanzu duba ta ɓangaren masu karɓar baƙi. Ƙauye mai mutum 300 yana da ajiyar da za ta kai shi wata goma. Mutum 1,000 suka sauka. Ajiyar ta koma ta wata biyu da 'yan kwanaki. A makon farko za a yi karamci, a na uku za a sa gadi a bakin rumbu, a na shida wani zai ɗauki makami. Ba sai ka mai da mutanen ƙauyen azzalumai ba. Dattijon da ya rufe ƙofa ya ƙirga buhuna ne ya ƙirga jikokinsa.

Lokacin da abin ya faru a shekara yana canja komai. In bayan girbi ne, akwai abinci amma ana fargabar ya gurɓata. In gab da shuka ne, an yi asarar shekara guda cur. Mafi muni shi ne a cinye iri. Manoman Turai na da can sukan ware kusan kashi ɗaya cikin huɗu na alkamar da suka girbe don shukar baɗi, kuma mai jin yunwa ba ya kallon iri ya ƙyale. Shi ya sa shekara ta biyu takan fi ta farko kisa. Dutsen Tambora na Indunisiya ya yi aman wuta a Afrilun 1815, kuma yunwa da cuta sun kashe mutanen yankin fiye da waɗanda aman ya kashe kai tsaye. Tokarsa ta dusashe rana har a 1816 dusar ƙanƙara ta sauka a watan Yuni a arewa maso gabashin Amurka, amfanin gona ya lalace a Turai. In bala'inka ya taɓa sama, kai yunwar har ƙasashen da ba su ji ƙarar fashewar ba.

Cuta kuma tana jira a sansani. Dubban mutane a wuri ɗaya, bayan gida kusa da ruwan sha, sai gudawa ta fara da yara. Nan gida na ukun takardarka zai sake amfani: in masu warkarwa da sihiri sun yi shekara 90 suna karɓar haihuwa, babu ungozoma, ba kuma wanda ya iya ɗaurin karaya.

Wa zai ɗauki laifi, wa zai ci riba

Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Mulki zai koma hannun wanda ke riƙe da abin da ya yi ƙaranci: mai rijiya, mai rumbu, mai kwalekwalen fito, da tsohon da ya tuna yadda ake haƙa. Masu sarauta da takardun filayensu na cikin kufai sun zama baƙi a ƙasar wasu.

Ƙwadago zai yi tsada. Annobar da ta ratsa Turai daga 1347 zuwa 1351 ta kashe aƙalla kashi ɗaya cikin uku na jama'a, leburori suka yi ƙaranci, lada ya tashi, har a 1351 Ingila ta kafa doka don mayar da shi yadda yake kafin annobar. A duniyarka ma masu ƙasa za su nemi ɗaure manoma, manoma kuma za su gudu inda aka fi biya.

Laifi kuwa ba kasafai yake sauka a kan mai shi ba. A lokacin annobar nan an zargi Yahudawa da zuba guba a rijiyoyi, aka kashe ɗaruruwansu a birnin Strasbourg, da ke Faransa a yau, a 1349. Duba wanda da ma ake yi wa kallon bare a duniyarka, shi za a fara nunawa da yatsa. Sarkin da ya ce a ninka aiki zai so a rataye ɗan koyon nan da wuri, kafin ya yi magana.

Game da masihirtan da suka rayu, kada ka sa a kashe su duka, ka rufe wa kanka ƙofa. Ya fi armashi a tsane su kuma a kasa rabuwa da su, domin ramin yana nan yana tsiyaya, su kaɗai suka san yadda ake toshe shi. Gaba kura, baya sayaki. Toshiyar kuma ba ta dawwama. Rufin kankare da aka yi wa tukunyar Cernobil a 1986 ya tsufa, sai da aka tura masa sabon rufin ƙarfe a 2016. A Nyos an fara sa bututun fitar da iskar a 2001. Tambayi kanka wa ke biyan kuɗin gadin ramin, kuma me zai faru a shekara ta 40 in masu biyan haraji suka ce ba su ga amfaninsa ba.

Waɗanda suka tsira ma ba su huta ba. Mutanen da suka rayu bayan bama-baman Hiroshima da Nagasaki na 1945 sun sha ƙyama wajen aure da neman aiki, har wasu suka riƙa ɓoye asalinsu. In dauɗar taka tana barin tabo, a ce farcen mutum ya koma fari, za a samu masu rina farce, da masu duba hannun amarya kafin a ɗaura aure.

Bayan shekaru

Rubuta hoton ƙasar a zango huɗu: shekara 1, 10, 30 da 100. A ta farko kowa yana cewa za a koma, mata suna rataye da makullan gidajen da suka bari. A ta goma sansani ya zama gari, an samu sababbin sana'o'i: masu shiga kufai su kwaso kaya, masu gwada kayan a bakin kasuwa, da masu sayar da shaidar gwaji ta jabu. Wasu tsofaffi za su koma gidajensu ko an hana, kamar yadda aka yi a yankin Cernobil mai faɗin kilomita 30 daga tashar, inda kuma namun daji suka yawaita bayan tashin mutane. Don haka kufanka ba dole ya zama baƙin toka ba. Kurmi mai kore shar da ba a jin kukan tsuntsu ɗaya a cikinsa ya fi tayar da tsikar jiki.

A shekara ta 30 waɗanda aka haifa a sansani sun girma, ba su san birnin ba, sun gaji da jin labarinsa. A ta 100 dokokin tsira sun zama camfi: ba a shan ruwan da ya kwana a buɗe, ba a nuna gabas da yatsa, ba kuma wanda ya tuna dalili. Wasu camfe-camfen su kasance masu amfani har yanzu, wasu kuma su zama wofi, kada mutanen labarin su san wanne ne wanne. Sunan abin ma ya rabu: fada tana da sunan da take rubutawa a takarda, talakawa suna cewa "shekarar toka" ko "daren nan" kawai, zuriyar masihirta kuma ba sa ambatonsa sam.

Sa shi a shafi, sannan ka gwada shi

Kashi tara cikin goma na lissafin nan a aljihunka zai tsaya. Mai karatu ba ya son babi guda na tarihi. Ba shi mace tana ɗiga ruwa a kan ƙwayar gishiri kafin ta ba ɗanta ya sha, tana kallon gishirin tana ƙirga goma a zuci, hannunta ɗaya riƙe da wuyan rigar yaron don kada ya yi wawaso. Bari masu ba da labarin bala'in su saɓa wa juna, kai kaɗai ka riƙe takardar wa ya san me.

Gwajin kuwa shi ne ka ɗauki mutum uku da ba jarumai ba, a ce maɗinki, mai karɓar haraji da yarinya 'yar shekara tara. Rubuta wa kowanne yini ɗaya kafin bala'in, yini ɗaya mako guda bayansa, da yini ɗaya bayan shekara goma, rabin shafi kowanne. A kowane yini amsa abu uku: me ya sha, me ya ci, a ina ya kwana. Duk inda ɗayansu ya kurɓi ruwa ba ka san daga ina ya fito ba, koma kan taswira ka nemo rijiyar, ka auna nisanta, ka rubuta wanda ke tsaye a bakinta da abin da yake karɓa kafin ya bari a zura guga.